Ranar Da Babur Ɗina Ya Ƙi Tashi

Masu bibiyata, yau ba abin dariya na kawo muku ba, ko da yake kun san halina, ko gidan makoki na shiga sai wani ya toshe baki. Wadda ta rubuto min a ƙasan labarin makon jiya cewa "Itzel, wannan bakin naki shi zai kashe ki," 'yar'uwa kin kusa canka, amma kin kuskure kaɗan. Baki bai yi komai ba wannan karon. Babban yatsana ne na hannun dama, wanda na shafa wa jan farce mai ƙyalli ranar Juma'a, shi ya ja min abin da ya hana ni kallon madubi tun jiya.

Ga waɗanda yau suka faɗo cikinmu: sunana Itzel, gyaran farce nake yi a wani shago a kan titin Central nan Albuquerque. Ina 'yar sha bakwai na faɗa wa uwata, tana tsaye a kan tukunyar miyar masarar nan tamu ta posole, cewa ni mata nake so. Ludayin da ta jefo min har yau akwai tabonsa a jikin firij. Shi kuma wanda nake so sunansa Anselmo, makanikin babura ne. Na ga wasu sun ɗaga gira. E, namiji ne, ku zauna in yi bayani.

Lokacin da muka haɗu sunansa wani ne daban, sunan da ba ma faɗa yanzu, kuma duk gari mace ake ɗaukarsa, har da ni. Bara waccan ya zaunar da ni a kan bokitin fenti a garejinsa, hannunsa duk baƙin mai, ya ce min shi fa tun yana ƙarami ya san namiji ne, ya gaji da wasan kwaikwayo. Na ce masa ai ni na daɗe da sani, wace mace ce za ta kwana huɗu da safa ɗaya. Ya yi dariya har da hawaye, ni ma na taya shi. Daga baya na shiga banɗakin garejin na yi wani kukan daban, wanda ban taɓa faɗa masa ba.

Ya fara allurar sinadarin maza. Muryarsa ta riƙa fashewa kamar ta ɗan zakara mai koyon cara, gemu ya fito tsilli-tsilli, na sa masa suna Gashi Bakwai. Da aka yi masa aikin ƙirji ni na yi jinya, ni nake wanke masa kai a bahon kicin. Ya ɗauki sunan kakansa. Ina son sa, kada wani ya karanta abin da ke ƙasa ya ce ba na son sa.

To sai maganar Kurciyoyi. Ƙungiyarmu ce ta mata masu babura, Las Palomas, kurciyoyin da idan suka taso kamar jirgi zai sauka a unguwa. Duk watan Yuni mu ke buɗe faretin alfahari na masu irin rayuwarmu, mu ne a gaba kafin masu ganguna da masu tutar bakan gizo, kowace da rigar fata mai hoton kurciya a baya, da masoyiyarta a goye. Anselmo ya shiga tun yana ɗan sha tara, lokacin da ubansa ya watso masa kaya waje. A bayan mashayar shugabarmu Darlene ya kwana wata da watanni, a nan ya koyi kwance inji. Yau babu babur ɗaya a ƙungiyar da bai san cikinsa ba. Ni kuwa shekaru na yi a matsayin goyo, ina bayansa ina ɗaga wa jama'a hannu kamar sarauniyar kyau. Goyo ba ta da ƙuri'a, sai mai babur. Wannan hunturun Anselmo ya tsinto wani tsohon Honda a bayan gidan wani tsoho, kaji suna ƙwai a kansa, ya gina min shi daga ƙusa zuwa ƙusa, ya yi masa fenti ruwan lemo saboda na ce ina so a hango ni tun daga garin Santa Fe, na sa masa suna Lemo. Taka ɗaya yake tashi. Ku riƙe wannan.

Bara bai hau fareti ba saboda yana jinya. Bana ya ce zai hau. Nan aka fara ƙus-ƙus, domin dokar Kurciyoyi ta ce mata kaɗai ke tuƙi.

Ranar Lahadin da ta wuce mun je cin abinci gidan Amá, wato uwata, bayan ta dawo daga coci. Matar nan da ta yi shekaru ba ta bari Anselmo ya wuce baranda, wadda idan ya gaishe ta sai ta amsa wa tukunyar fulawa, yanzu tun daga ƙofa take tarbarsa. Ta sa rigarta mai shuɗin fure, ta fito da farantan da ba a taɓawa sai Kirsimeti. Shi ta fara zuba wa, ta tula masa nama da koren barkono, tana juya masa gurasar tortilla da hannunta tana cewa namiji mai aikin ƙarfi sai da ci. Ni kuma ta ce ai na san inda cokali yake.

Na ce, "Amá, mutumin nan fa shi ne dai wanda kika taɓa kora da tiyon ban ruwa."

Ta ce, "Wancan zance ya wuce, mija, 'yata. Ci abincinki."

Da muka gama ta shiga ɗaki ta fito da wani akwatin kwali da na sani tun ina yarinya. Lazo ne a ciki, dogon carbin nan mai zagaye biyu da ake rataya wa ango da amarya a kafaɗa ranar aure. Na kakata ne, da shi aka ɗaura auren Amá, da shi aka ɗaura na yayata. Ranar ludayi ta rantse min cewa sai dai a binne ta da shi. Yanzu ga shi a kan tebur kusa da kwalbar yaji, tana shafa shi, tana cewa watan Satumba ya yi, lokacin an fara gasa barkono, gari ya yi sanyi, a bayan gida za a kafa rumfa. Anselmo ya sunkuyar da kai, kunnuwansa sun yi ja. Ya rasa uwa tun da daɗewa, kun gane ai.

Sai da ya fita duba mata injin wanki ta matso kusa da ni ta rage murya. Ta ce dangin Las Cruces sun ga hotonsa, sun ce kyakkyawa ne, kuma ba su san komai ba, ba kuma sai sun sani ba. Ta ce a coci ta faɗa wa matan zumunta cewa Allah ya amsa addu'arta, 'yarta ta dawo hanya. Abu ɗaya take roƙo, kada ya hau faretin nan cikin matan nan, saboda ana nunawa a talabijin.

Na so in ce mata ban dawo ko'ina ba, ina nan inda ludayi ya same ni. Amma lazo yana kan tebur yana ƙyalli, kuma tun da nake ban taɓa ganin ta kalle ni haka ba. Sai na ce mata miyar ta yi gishiri.

Daren Laraba, a'a, da yamma ne, ina tsakiyar goge wa wata mata dunduniya, waya ta fara rawa a aljihuna. Zauren hirar Kurciyoyi ne na waya.

Darlene ta rubuta: Asabar da la'asar, bayan mashaya. Maganar Anselmo. Kowa da babur ɗinta.

Wata ta sa hoton zuciya, wata ta sa hoton ido biyu. Miss Odessa, ɗaya daga cikin manyan ƙungiyar, ta rubuta: Zan zo, kuma na sha mai.

Anselmo kuma ya turo min ni kaɗai: Na ƙirga a raina. Da ke muna da rinjaye. Na goge miki fulogi jiya.

Na mayar masa: Gashi Bakwai, kwantar da hankalinka, ni da Lemo muna bayanka. Har da hoton wuta guda uku.

Yanzu bari in faɗa muku abin da ban rubuta a nan ba duk tsawon watannin nan. Tun da gemun nan ya cika, na ɓace. Da, idan muka shiga kanti riƙe da hannu, wata tsohuwa za ta harare mu, wata yarinya mai gajeren gashi a wajen biyan kuɗi za ta ɗan gyaɗa mana kai, irin gyaɗawar nan ta mun san juna. Yanzu ba mai harara, ba mai gyaɗawa. Mata da miji ne sun zo sayen sabulu. A wajen rawar mata ta watan jiya wata sabuwar yarinya, wadda ko haƙoran hankali ba ta gama ba, ta dafa ni ta ce ta ji daɗi da irinmu suke zuwa nuna goyon baya. Irinmu. Ni da na kwana a motar ƙawata saboda sunan mai son mata, ni da aka tofa wa yawu a makaranta. Na yi mata barkwanci ta yi dariya, na koma gida ban ci abinci ba. Sai na riƙa hango kaina ranar fareti, ni kaɗai a kan Lemo, cikin mata, ba matar kowa ba, ba goyon kowa ba. Kuma a hoton nan da nake hangowa babu Anselmo. Ban kore shi ba, kawai dai ba ya ciki.

Asabar na sa baƙin wandona mai matse ƙafa, takalmin da ya saya min mai ƙarfe a baki, jan ɗankwali a wuya, na zana gira kamar zan je ɗaukar hoto. Mashayar Darlene ta rufe tun shekara uku, yanzu shagon sayar da katifa ne, amma mai shagon yana barinmu mu taru a filin baya. Rana tana dukan kwalta, ana jin warin taya.

Ga yadda Kurciyoyi suke ƙuri'a, tun kafin a haife ni. Ba a ɗaga hannu, ba a rubuta takarda. Ana jera babura a zagaye, kowace ta hau nata, wanda ake magana a kansa ya tsaya a tsakiya. Darlene ta saki hankicinta. Idan kin yarda da shi, ki tayar da inji. Idan ba ki yarda ba, ki zauna shiru. Sai a ƙirga masu ƙara. Idan aka yi kunnen doki tsohuwar doka ce ta ci.

Anselmo ya tsaya a tsakiya da rigar fatarsa, wadda kurciyar bayanta ta koɗe saboda tsufa. Darlene ta fara magana, da furfurarta da aka aske ƙwal da muryarta ta tsohuwar mai shan taba. Ba ta yi zagi ba, da ma ta yi da na samu abin riƙewa. Ta ce ita ta ba yaron nan katifa lokacin da ba shi da ko bargo, kuma da ya ce mata shi namiji ne ba ta yi masa gardamar daƙiƙa ɗaya ba. To saboda ta yarda da shi ne take cewa ya sauka. Ta nuna shagon katifa ta ce mashaya ta tafi, kantin littattafan mata ya tafi, abin da ya rage musu a duniya shi ne gaban layin nan sau ɗaya a shekara. In ta bar shi ya hau, ko dai ta ce masa ba cikakken namiji ba ne, ko ta ce wa matan nan ba su da wuri nasu.

Sai Miss Odessa ta cire hular kwanonta. Baƙar mace ce doguwa, ta haura sittin, kullum da jan baki da 'yan kunne kamar faranti, ita ma da aka haife ta an ce namiji ne. Ta ce shekara ashirin da suka wuce ita ce a tsakiyar zagayen nan, ana gardama ko ita mace ce, wata har ta ce a duba jakarta. Da inji ɗaya ta tsira, kuma injin Darlene ne.

Ta ce, "Darlene, 'yar'uwa, ranar nan ba ki tambaye ni takarda ba. Cewa kika yi wadda aka kora daga ko'ina ta zo nan. Yaron nan a nan ya girma. Irinmu mu muka fara jifa da kwalba lokacin da 'yan sanda suke kama mutanenmu, amma kullum sai an zo gaban layi a tuna ba a san inda za a ajiye mu ba."

Darlene ta ce wannan daban, wancan daban. Aka tambayi Anselmo ko yana da magana. Ya ce shi bai san wani gida ba sai wannan, kuma ba gaba yake nema ba, ko a ƙarshen layi ne ya yarda. Muryarsa ta ɗan fashe a kan kalmar gida. Da wata rana ce da na kwaikwaye shi.

Hankici ya faɗi.

Na Miss Odessa ne ya fara tashi, wani ƙaton baƙi mai ƙara kamar aradu. Sai na kusa da ita, sai wani, sai wani. Wasu suka naɗe hannu a ƙirji suna kallon ƙasa. Ni kuwa, jama'a, ga abin da na yi. A hannun dama na babur akwai wani ɗan jan maɓalli da ke kashe inji. Idan yana a kashe, ko za ki kwana kina taka kik, babur ba zai ce uffan ba. Ban shirya ba, na rantse ban kwana da niyyar ba. Na dai ga yatsana mai jan farce ya tura shi, kamar mai kore ƙuda. Sannan na miƙe na fara taka kik da dukkan ƙarfina.

Na taka, na taka. Na yi tsaki, na daki tanki, na ce Lemo kada ka yi min haka yau. Har gumi na haɗa na gaske. Wata ta yi dariya ta ce sabon shiga ke nan. Ni ma na yi dariya na ce ai babur ɗin ɗan Katolika ne, ba ya aiki sai ya yi ikirarin zunubansa. Kun ga irin mutumin da nake. Ina kashe shi ina ba da dariya.

Darlene ta zaga tana ƙirgawa da yatsa. Kunnen doki. Ta tsaya a gabana ta daɗe tana kallona, sannan ta ce doka ta ce babur ɗin da bai tashi ba ba shi da baki, amma ita ba za ta ci nasara da lalacewar inji ba. Ta ce a ba makaniki dama ya duba, in ya tashi a ƙirga da shi.

Makanikin Kurciyoyi kuwa mutum ɗaya ne.

Ya tako daga tsakiyar zagayen, duk injuna suna ta kuka a kewaye da mu. Ya durƙusa a gefen ƙafata, ya taɓa makullin mai, ya taɓa wayar fulogi. Ina jin warin sabulunsa. Na so in mayar da maɓallin kafin ya ɗago, amma idon kowa yana kaina. Ya miƙe ya kama kan babur ɗin, hannunsa a kan nawa. Sai na ji babban yatsansa ya sauka a kan jan maɓallin. Ya tsaya a nan.

Turawa ɗaya ce. Ya tura, in taka, Lemo ya yi ƙara, ya ci ƙuri'arsa, ba wanda zai san komai. Ya kalli maɓallin, ya kalle ni. Ban taɓa sanin idon mutum zai iya yin shiru haka ba. Ni kuma na yi masa murmushin nan nawa na shagon farce.

Ya ɗauke yatsansa, ya bar shi yadda ya same shi.

Ya ce wa Darlene, "Wutar ce ba ta zuwa. Ba aikin yanzu ba ne, sai na kai shi gareji."

Darlene ta ce ya tabbata? Ya ce ya tabbata, laifinsa ne, shi ya haɗa wayoyin. Miss Odessa ta kashe injinta, sauran suka bi ɗaya bayan ɗaya, har filin ya yi tsit ana jin motocin titi. Ya cire rigar fatarsa, ya ninke ta da kyau, kurciyar a ciki, ya miƙa wa Darlene. Ta ƙi karɓa, ta ce rigarsa ce har ya mutu. Sai ya ɗora ta a kan kujerar babur ɗinta ya juya. Miss Odessa ba ta kalli kowa ba sai ni, kuma ba fuskata take kallo ba, hannuna take kallo.

Shi ya tura Lemo ya hau da shi bayan a-kori-kurarsa, ya ɗaure da igiya. A hanya na yi ta zuba kamar rediyo. Na ce Darlene ta tsufa, na ce badi za mu sake kawo maganar, na ce ai da ma faretin ya zama na kamfanoni. Ya ce min e, ya ce min haka ne. Ya sauke ni a ƙofar gidanmu ya ce zai kwana a gareji, yana da aiki. Ko gardama ban yi ba. Amá ta turo min hoton wata farar riga mai dogon hannu, ta rubuta: Ya kika gani, mija? Na kife wayar.

Yau da safe ina shan kofi a tsaye, da rigar barci da gashina kamar sheƙar tsuntsu, na ji tsayuwar motarsa. Na leƙa. Ya sauke Lemo a gaban baranda, ya wanke shi har yana ɗaukar ido. Na fita ba takalmi. Na buɗe baki zan ce wani abin dariya, wallahi har na shirya shi, sai idona ya kai hannun dama. Jan maɓallin babu. Ya cire shi gaba ɗaya, ya rufe gurbin da ɗan baƙin ƙarfe, ya ɗaure da ƙusa biyu tsaf kamar haka aka ƙera shi.

Ya ce, "Na gyara."

Na ce Anselmo, bari in yi maka bayani. Ya girgiza kai. Idonsa ya kumbura, gemun nan da nake tsokana duk ya kwanta.

Ya ce, "Uwarki tana so na in dai zan manta inda na fito. Darlene tana so na in dai zan bar wurin. Duk na iya ɗauka, Itzel. Ke ce ban san me kike so ba, kuma jiya na gane ko tambayarki ban taɓa yi ba. Wannan laifina ne. Amma nan gaba in ba kya so, da baki za ki faɗa."

Ya zaro maɓallin daga aljihu ya sa min a tafin hannu, da 'yan wayoyinsa biyu suna reto. Ya ce Amá ta kira shi tun da sassafe, ta ce ya zo cin abinci da rana kuma ya zo da zobe, ta gayyato dangin Las Cruces. Ya ce bai ba ta amsa ba. Ya koma cikin mota ya zauna, bai tayar ba, bai kuma rufe ƙofa ba.

Waya ta yi ƙara a aljihun rigar barcina. Miss Odessa ce, ni kaɗai ta turo wa.

Ta rubuta: Yarinya, yau da rana muna gwajin layi a bayan mashaya. Wadda babur ɗinta ya ƙi tashi tana da ikon neman a sake ƙirge kafin fareti. Amma Darlene za ta tambayi abin da ya lalace, kuma ba makaniki ake tambaya ba, mai babur ake tambaya. A gaban kowa.

Kafin in gama karantawa wani saƙon nata ya shigo: Na ga farcenki jiya. Kala mai kyau.

Ga ni nan zaune a kan matakalar baranda nake rubuta muku wannan da yatsan da ya yi aikin. In na je, matan da na yi shekaru ina ba dariya za su ji daga bakina cewa ni na kashe inji don in kayar da mutumin da ya gina min babur. In na faɗi dalili, shi ma zai ji, har da kukan banɗakin gareji. Kuma lazo zai koma cikin kwali, wannan ko tantama babu, domin ranar fareti kyamara ba ta tsallake babur ruwan lemo, balle mai gemun da zai hau a gefensa.

Ɗazu na shiga na sa wando da takalmin nan mai ƙarfe. Na ce bari dai in gwada, ko Allah zai taimake ni ya lalace da gaske. Na hau, na murɗa makulli, na taka sau ɗaya.

Ya tashi. Karnukan unguwa duk sun ɗauka, maƙwabciyata ta leƙo ta taga, Anselmo ya ɗago kai daga kan sitiyari yana kallona ta madubi. Yatsana ya tafi neman wurin da ya saba, ya tarar da ƙarfe.